Akuyar Cikin Kwalba

Tun da na dawo daga Kwatano ba a bar ni na huta ba. In na je gidan suna, tambaya; gidan biki, tambaya. Har gaisuwar mutuwa na je, ba a gama shafa fatiha ba wata ta matso ta raɗa mini, "Habsu, wai da gaske ruwan tekun gishiri gare shi?" Na gaji da maimaitawa. Kuma akwai wani wuri a labarin da kullum nake tsallakewa idan da baki nake ba da shi, saboda idon mutane. Takarda ba ta da ido, shi ya sa na ce bari in zuba mata duka, kowa ya karanta ya shafa mini lafiya.

Ga wanda bai san ni ba, ni ce Habsu Mai Tukunya. Shekara ashirin ke nan ba a yi babban taro a Birnin Konni ba sai ludayina ya shiga ciki. A wani ƙauye na Alela aka haife ni, amma wannan ba abin da na cika faɗa ba ne.

Bakina ne ya kai ni Kwatano. Muna gidan wani suna sai ga Madam, matar wani babban ma'aikaci da aka turo garinmu. Ba zan faɗi sunanta ba, duk wanda ya taɓa shaƙar turarenta ya san ta. Ta ce an ƙara wa mijinta galo, wato girma a wurin aiki, za a yi walima nan da mako uku, manyan baƙi za su zo daga Yamai. Kifin teku da jatan lande za a kawo mata cikin ƙanƙara, kuma wai ba a cin su sai da wata miya mai suna tartar. Sai ta juyo ta dube ni, gaban mata sun fi talatin, ta ce, "Habsu, ban ce ba ki iya girki ba. Amma wannan ba tuwo ba ne. Zan sa a zo mini da kuku daga Yamai."

Na san abin da maganar nan take nufi. Matan manyan garin nan inda ta farko ta sa ƙafa nan sauran ke sawa. Ranar da kukun Yamai ya ɗora tukunya a Konni, ranar aka rufe babina, kafin shekara ta zagayo ina bakin tasha ina tuyar ƙosai. Zuciya ta ɗebe ni, na ce, "Tartar? Haba Madam, ai tun ina budurwa nike yin ta." Wallahi ban taɓa jin sunan ba sai ranar. Baki shi ke yanka wuya.

Madam ta ɗaga gira. Ta ce to na san ana sa mayonez, da albasa, da ƙananan kokwamba masu tsami, da kuma wani abu da ta faɗa ta hanci, da Faransanci. Aji huɗu na yi a lakwal, makarantar boko, kunnena ya ji ta ce "kabiri". Kabiri kuwa ko mahaucin da bai taɓa taka lakwal ba ya san akuya ce. Na gyara ɗaurin kallabi na ce, "Ai kabirin shi na gishirin abin." Ta yi murmushi, ta ce ashe dai na sani, aiki nawa ne.

Ba wanda zan tambaya. A Konni in ka yi atishawa a tasha, kafin ka goge hanci an yi maka yarhamukallahu a bakin iyaka. Sai na gwada a ɓoye. Na dafa naman akuya, na daka, na kwaɓa da mayonez na kanti, na ajiye wa maigidana Malam Ada. Ya ci cokali biyu, ya ajiye, ya dube ni da tausayi ya ce, "Habsu, in laihi na yi miki ki hwaɗa mani da baki, ba sai kin biyo ta nan ba."

Aminiyata Hajiya Rabi, mai zuwa Kwatano saro atamfa, ita kaɗai na gaya wa gaskiya. Ta yi dariya har ta riƙe ciki, sannan ta ce, "Miyar teku ai sai bakin teku. Jibi zan tahi, ki shirya. Ba ɗan kawunki Sani na can yana saida albasa ba?" Muka bar wa gari cewa atamfa za ni saro.

Da sassafe muka shiga kar, babbar motar fasinja. Kusa da mu wani dattijo ne mai zuwa Gaya, irin mutanen nan da ba su iya zama kusa da mutum ba su san abin da ya fito da shi ba. Ba mu kai Dogon Dutsi ba ya san sunan mijina da yawan 'ya'yana. Da ya zo kan dalilin tafiya, Rabi, wadda ta rantse mini da kabarin ubanta za ta riƙe sirri, ta ce, "Miya za ta nema." Dattijo ya cire hula ya sosa kai. Ya ce, "Na ga mai tahiya neman ilimi, na ga mai neman aure, na ga mai neman raƙuminai da yaɓ ɓace. Mai neman miya kau, yau na hwara gani." Kafin mu isa Doso duk motar ta shiga maganar. Wata ta ce in sa daddawa, wani ya ce kakarsa na yin irinta da kuɓewa, direba ma ya leƙo ta madubi ya ce kowace miya ce in dai ba tattasai to ruwa ce. Ba ko ɗayansu da ya taɓa ganin ta, amma ba wanda ya ce bai sani ba. Ban ga laifinsu ba, ni ma halin nan ne ya ɗora ni a motar.

A Gaya muka sauka gidan wata gwaggon Rabi, Iya Mariyama. Ku riƙe sunan nan. Mace ce mai kirki irin wanda ke gajiyar da baƙo, kuma ba ta iya ganin abu ta bar shi bai sha wanki ba. Kafin mu gama cin shinkafa da kifin kogi ta wanke takalmana, ta wanke butar da na zo da ita, har carbin Rabi sai da ya sha sabulu.

Lokacin gada a rufe take, sai da kwalekwale ake haye kogi. Ni da babban ruwan da na sani shi ne tafkin bayan ƙauyenmu, wanda jaki ke ratsawa bai jiƙa ciki ba, aka ce in shiga cikin ɓawon itace tare da buhunan albasa, da babur biyu, da wata mata mai kaji. Na karanta duk abin da na haddace, har da addu'ar shiga kasuwa. Da muka taka ƙasa na ga ashe tun daga tsakiyar ruwa hannun wani bawan Allah nake riƙe da shi, ban san shi ba, shi ma kunya ta hana shi ƙwacewa. A tsallaken, mai duba takardu ya tambayi abin da ya kawo mu. Wannan karon ni na taka ƙafar Rabi, ta ce atamfa.

Daga nan muka yi ta gangarawa kudu wuni guda. Ƙasa tana ƙara kore, itatuwa suna ƙara tsawo, awaki kuma suna ƙara gajarta. A Faraku, inda muka tsaya muka ci sakwara da cukun Fulani a cikin jar miya, na ga wata akuya da cikinta ke kusan shafar ƙasa, ƙafafunta ba su fi tsawon rabin muciya ba. Nan take hankalina ya kawo mini haske. Na dafa Rabi na ce, "Ga inda na kuskure! Da akuyarmu ta Adar na yi, mai dogayen ƙahwahu. Wagga ita ce kabirin miya." Rabi ta ce lalle biri ya yi kama da mutum. Na ci sauran sakwarata da kwanciyar hankali.

Kwatano gari ne da kowa ke sauri kamar an ce masa gidansa na cin wuta. 'Yan kabu-kabunsu masu haya da babur sanye da riguna ruwan ɗorawa, sun fi ƙudan kasuwar mahauta yawa, kuma mata da kansu ke tuƙa babur, da jariri a baya da kwandon kifi a gaba, ba mai ko juyowa ya dube su. Sani ya sauke ni a ɗakinsa na unguwar Zango, ya koma shago da kwana. Ɗakin ba abin da ke cikinsa sai katifa da warin albasa. Zufa kuwa ba ta bushewa a garin nan. Na wanke zane na shanya, kwana biyu yana nan jiƙe, alhali a Konni kafin ki gama shanya na ƙarshe na farko ya bushe.

Masu tambayar teku, na gan ta. Ruwa ne da ba shi da tsallake, kuma ba ya zama wuri ɗaya. Gishiri kuma e, na ɗanɗana. Abin da ya fi ɗaukar hankalina jatan landen ne. Da mai sayarwa ta buɗe kwando na ce, "Sani, wannan ai hwara ce!" Ga ƙafafu, ga gashin baki, ga idanu a waje. Sani ya fassara wa matar, ya ƙara da cewa a garinmu muna soya fara da yaji mu ci. Ta yamutsa fuska ta tofar da yawu, wai yaya mutum zai ci ƙwaro. Tana faɗa tana ɓare nata ƙwaron tana jefawa a baki.

Sani ya ce akwai wani tsoho da ke sayen albasa wurinsa, Baba Kosi, wanda ya yi shekaru yana kuku a babban otel kafin ya ajiye aiki, kuma ya yarda ya koya mini. Ni ba na zuwa wurin aiki hannu biyu. Da safe na biya kasuwa na zaɓi akuya mafi gajarta, na ja ta da igiya har ƙofar gidansa.

Baba Kosi ɗan siriri ne mai farin gashi, yana jin Hausar Zango, wadda ba ta raba mace da namiji. Da ya ga akuya sai idonsa ya cika da ƙwalla. Ya ce shekara arba'in yana koya wa mutane girki, ba wanda ya taɓa kawo masa ko ƙwai. Ya kira matarsa, ya kira maƙwabta, aka yi ta sa mini albarka. Na rasa ta inda zan ɓullo. Da hayaniya ta lafa na matsa na ce a hankali, "Baba, yaushe za a yanka ta, mu hwara miyar?"

"Wane miya?"

"Tartar mana. Ba kabiri aka sa mata ba?"

Ya dube ni, ya dubi akuya, ya sake dubana. Sai ya zauna a kan turmi ya fara dariya, irin wadda ba ta da sauti, sai kafaɗu ke rawa. Matarsa ta kawo masa ruwa. Da ya samu numfashi ya shiga ɗaki ya fito da wata 'yar kwalba da ba ta fi babban yatsana biyu ba, cike da wasu korayen ƙwayoyi cikin ruwa. Ya ce, "Madam Konni, ga akuyanka. Ba kabiri ba, kapar." Akuyar dai ta zauna gidansa, don ba a mayar da kyautar da aka riga aka sa wa albarka. Na ji daga baya ya sa mata suna Tartar.

Kwana uku ina ɗaukar darasi. Ya fasa ƙwai ya ware gwaiduwa, ɗanya, ya sa gishiri da ɗan mutar, wani kwaɓin yajin Turawa, ya ba ni abin kaɗawa ya ce in riƙa zuba mai ɗigo-ɗigo ina kaɗawa. Ni da na saba juye galan guda a tukunyar biki, na ga wannan ai rowa ce, na tuntsura kwalbar. Abin ya tsinke ya zama ruwa. Ya ce, "Hannunka hannun biki ne. Wannan miya ba ya son mai kyauta, mai haƙuri yake so." Muka sake, muka sake. A karo na huɗu na ga abin mamaki, ƙwai da mai sun haɗu sun yi kauri sun yi fari, har cokali na tsayawa a ciki. Ya matsa lemun tsami. Ya ɗauko albasa ya ce in yanka ƙanana kamar ƙwayar gero. Na juya ta a hannuna, ja ce mai sheƙi, na san ta kamar yunwar cikina. Albasar Galmi ce. Na yi kwana biyu a hanya, na haye kogi da raina a hannu, na zo na tarar da maƙwabciyata.

Rana ta biyu ya fita sayo farsil, wani ganyen ƙamshi, ya bar ni da miya ta haɗu. Na dube ta, fara sol, sanyi ƙalau, ga ɗanyen ƙwai a ciki. Na ce a raina tsufa ya sa tsohon nan ya manta da babban aiki. Wace miya ce ba ta ga wuta ba? Na juye a tukunya na ɗora. Ya dawo ya tarar da mai yana iyo a sama, ƙwai ya dunƙule a ƙasa, ni kuma ina fifita gawayi da alfahari. Bai yi faɗa ba. Ya dai ce in akwai wata akuyar, gara in kawo, don wannan darasi zai yi tsawo.

Rana ta uku komai ya tafi daidai. Ya ce kokwamba mai tsami ina iya yin ta a gida, in samu ƙanana in jiƙa da gishiri da binegar, ruwan tsamin kanti. Amma kapar ba ta da madadi, daga hayin teku ake kawo ta, daga wata ƙasa mai duwatsu da fari, inda ba abin da ke fitowa sai ita. Ya tsamo ƙwaya ɗaya ya ba ni ya ce in san ɗanɗanonta kafin mu yanka.

Na tauna. Gishiri ya fara zuwa, sai tsami. Daga ƙarshe, can ƙasan harshe, wani ɗan ɗaci ya taso. Na san ɗacin nan. Na shekara talatin da wani abu ina ƙoƙarin manta shi.

Nan ne wurin da nake tsallakewa. Ina 'yar shekara tara aka yi shekarar da gero bai yi ba. Rumbu ya ƙare tun kafin bazara, babanmu ya tafi cin rani bai aiko ba. Innata ita ke hawa tudun bayan ƙauye ta tsinko anza, 'ya'yan wani ɗan itace da ko akuya ba ta cika kula shi ba. Ɗanyarta ɗaci gare ta kamar maɗaci, tana iya kwantar da mutum. Sai an ɓare, an jiƙa kwana bakwai ana sauya ruwa safe da yamma, sannan a dafa. Da ita Inna ta riƙe mu mu biyar har ruwa ya sauka, ba wanda ya mutu. Amma a wurinmu, a ce gidan wane ana cin anza, tonon asiri ne. Bayan na yi aure a birni na yi suna, wata rana Inna ta zo mini da 'yar ƙwarya ta anza da ta gyara da hannunta, wai tsaraba, ta tarar da matan ma'aikata a ɗakina. Na karɓe ƙwaryar na tura ƙarƙashin gado. Da suka tafi na ce mata kar ta sake kawo mini abin kunya gida. Ba ta sake kawowa ba, kuma zuwan nata ma ya ja baya.

Ban gaya wa Baba Kosi ko ɗaya daga wannan ba. Na haɗa miyar, ya ɗanɗana da soyayyen kifi, ya miƙo mini hannu kamar namiji. Sani ya raka ni wani babban kanti mai sanyi kamar randa, na sayi kwalba ɗaya a kuɗin da zai sayi zakara, na ƙulle ta a bakin zanena.

A hanyar dawowa, a wani shinge, wani mai kaki ya ga ƙullin ya ce in kwance. Ya tambayi mene ne. Harafin nan na tsakiya bakinmu ba ya son sa, na buɗe baki sai na ji na ce "kafir". Rabi ta ce a'uzubillahi. Mai kaki ya buɗe, ya shinshina, ya jefa ɗaya a baki, ya furzar, ya mayar mini da sauri ya ce, "Allah ya ba ki lafiya, Hajiya." A kwalekwale kuwa ban riƙe hannun kowa ba, hannuwana biyu suna kan kwalba.

Muka sake kwana gidan Iya Mariyama. Da safe na kwance ƙullin na ajiye kan taga na shiga wanka. Na fito na tarar da ita tsaye tana murmushi, da kwalbata a hannu, tana ƙyalli, cike da jan yaji. Ta ce, "'Yata, na ga wakenki ya ruɓe a hanya, har ya yi kore yana wari. Na zubar, na wanke miki kwalbar, na sa miki ɗan yaji kar ki koma da ita wofi." Na ruga bayan ɗaki. Kaji sun tona wurin sun watsa cikin ƙasa da toka, su ma ba su ci ba. Na dawo, na durƙusa, na yi mata godiya, don haka aka koya mana. Rabi ta shige banɗaki, ina jin ta tana shaƙewa da dariya. Saura kwana goma sha ɗaya walima.

Na zauna a kar ina jujjuya kwalbar yaji. Takardar jikinta ba ta gama fita ba, akwai hoton reshe da ganye. Mutumin da ke gefena, wani malamin gona mai komawa Malbaza, ya karɓa ya duba ya ce, "Hajiya, kin san wanga icce dangin anza ne? A littahi gidansu guda." Na ce na sani. Harshena ya riga littafinsa.

Kwana ɗaya na yi a Konni, na hau kabu-kabu sai Alela. Na tarar da Inna a gindin bango tana tsintar wake. Muka gaisa, ta tambayi hanya, ta tambayi Malam Ada. Na yi ta kewaye-kewaye, har na gaji na ce, "Inna, ko kina da anza?"

Ba ta ɗago ba. Ta ce, "Anza? Gidan Habsu Mai Tukunya lahiya dai? Ko gero yaƙ ƙare a birni?"

Na ba ta labari tun daga Madam har kajin Iya Mariyama. Wurin akuya ta yi dariya har ta share ido. Da na kai ƙarshe ta ce, "Ba ke kinka ce kar in sake kai miki abin kunya ba?"

"Ni na ce, Inna."

"To yanzu mi yas sauya? Ita dai tana nan yadda take."

Ta tashi da kyar ta shiga ɗaki, ta jawo wata tsohuwar tukunya daga bayan gado, cike da busasshiyar anza. Ta ce wanda ya taɓa ganin yunwa ido da ido ba ya rabuwa da ita, ko rumbu ya cika.

Kwana bakwai na yi a ƙauye. Ni ke ɗebo ruwa, ita ke sauyawa, safe da yamma, tana tauna ƙwaya ɗaya kowane karo tana girgiza kai. Ta hana ni sa hannu, ta ce hannuna gaggawa gare shi, maganar da na riga na ji a Kwatano. Rana ta bakwai ta tauna ta ce ta yi. Muka tafasa, muka zaɓi ƙanana, na zuba su cikin gishiri da binegar a kwalbar nan dai, bayan na juye yajin Iya Mariyama.

Ranar walima na kaɗa ƙwai ɗigo-ɗigo kamar mai ba jinjiri magani. Albasar Galmi, kokwambar lambun Konni, farsil, lemun tsami, sai abin cikin kwalba. Ban kai ta kusa da wuta ba. Aka jera kifi da jatan lande, farar ruwan nan, aka ajiye miyata a tsakiya, na tsaya bakin ƙofa. Madam ta ɗiba ta kai baki ta lumshe ido. Wata baƙuwa daga Yamai, wadda tun da ta zauna take ba da labarin zamanta a ƙasar Turawa, ta tsamo ƙwaya ɗaya da cokali ta ɗaga ta ce wannan ita ce ta ainihi, manyan nan masu tsada, ba ƙananan da ake sayar wa talakawa ba. Aka kira ni aka tafa mini. Madam ta ce a ina na samo kapar mai kyau haka. Na ce, "Daga nesa, Madam." Ko cokali ɗaya bai rage ba, kuma ba a sake maganar kukun Yamai ba.

Washegari na ɗauki kifin da na ɓoye wa Inna na koma Alela. Ta ɓare shi a hankali tana ci, ta ce, "Sun ci?"

"Sun ci, Inna. Har da lashe cokali."

"Da yunwa sunka ci, ko da ƙoshi?"

"Da ƙoshi."

Ta jinjina kai. "Sun tambayi sunanta?"

"Sun tambaya."

"Mi kinka ce musu?"

Na sunkuyar da kai ina kallon tabarma. Ta gane. Ta cire ƙaya daga bakinta ta ajiye gefe, ta ce, "Ba komi, Habsu. Ta saba. Ku biyat ta raya, ba wanda yat taɓa kiran sunanta gaban mutane."

Maganar nan ta hana ni sakat tun ranar. Yanzu matan manya huɗu sun riga sun kama ni don bukukuwansu, kowace tana ja mini kunne kar in manta da kapar ɗin nan ta nesa, wasu har suna roƙon in saro musu in zan koma. To ku ji, ba inda zan koma. Sunanta anza. A tudun bayan ƙauyenmu take fitowa, kuma Innata ce ta jiƙa ta kwana bakwai da hannunta, kamar yadda ta yi shekarar da ba mu da komai. Wadda za ta fasa kirana ta fasa, tashar ƙosai ba ta kashe kowa ba. Madam, in an karanta miki wannan, ki yi haƙuri. Amma ina bakin ƙofa ina kallo, sau uku kika ƙara.